Murfin Tukunyar Donna Brigida

Duk Lahadin duniya, kafin a kaɗa ƙararrawar coci karo na biyu, Donna Brigida ta riga ta fito da murhun gawayinta bakin ƙofa, ta ɗora tukunyar ƙasa, ta ja kujera ta zauna da mafici a hannu. Haka kowace mace take yi a Napoli, don miyar Lahadi ba ta son gaggawa. Nama ne da tumatir da albasa, a bar su kan wuta ƙasa-ƙasa tun safe har rana ta take tsaka. Kuma ko yarinyar da ba ta isa aure ba ta san ba a rufe tukunyar ruf. Cokalin katako ake gittawa a bakinta a jingina murfin a kai, miya ta riƙa shan iska tana ɓul-ɓul a hankali. In aka rufe gam, ta tsinke ta zama ruwa.

A lungun nan kaf, Donna Brigida ce kaɗai take rufe tata ruf, har da ɗora guntun bulo a kai.

"Ƙuda," take cewa, ko da ba wanda ya tambaye ta. "Ni ban ɗauki nauyin ciyar da ƙudan unguwar Sanita ba."

Ƙuda dai ba su san hawa ba, ba su san sauka ba. Abin da ke cikin tukunyar albasa ce, da ɗan kitse, da tumatir cokali guda, sai ruwa. Rabon nama da gidan tun ranar da igiyar ɗaga kaya ta tsinke a tashar jiragen ruwa, akwati ya sauka a bayan mijinta Gaetano, aka kawo shi gida a kan ƙyauren ƙofa. Tun daga nan yake zaune a kujera, ƙafafu lulluɓe da bargo, ita kuma take wanki da gugar rigunan masu hali. Da shi ta raini 'ya'yanta har suka watse. Amma in ka ga yadda take zama gaban tukunyar nan, baya miƙe, haɓa a sama, tana kaɗa mafici a yangance, sai ka rantse cinyar sa ce a ciki.

Babbar 'yarta Nannina tana Amurka. Ta tafi ita da mijinta ana gab da fara babban yaƙi, ta haihu a can, ba wanda ya taɓa ganin jikokin. Uwa ba ta karatu, 'ya ma haka, saboda haka saƙonsu na baka ne. Akwai wani Pascale ɗan lungun da ke aikin wanke-wanke a jirgin da ke zirga-zirga tsakanin Napoli da New York, shi ne ɗan aikensu. Duk sanda zai tashi, saƙon Donna Brigida ɗaya ne, har ya haddace shi kamar addu'a.

"Ka ce mata lafiyarmu ƙalau. Ka ce mata Lahadi ba ta taɓa wuce mu ba nama ba."

To, wata Lahadi sai ga wani mutum ya shigo lungun, sanye da malafa da kwat mai ruwan toka. Ya wuce ƙofofi da dama yana leƙe-leƙe, ya sunkuya ƙarƙashin shanyar da aka ja daga bene zuwa bene, da ya iso gaban Donna Brigida sai ya tsaya cak. Tukunyar ya zuba wa ido. Ya daɗe yana kallo har abin ya fara ba ta haushi.

"Ranka ya daɗe, in hanya ta ɓace maka, titi yana bayanka. In kuma yunwa ce, ba ta nuna ba tukuna."

Mutumin ya cire malafa ya gaishe ta da ladabi. Ya ce sunansa Don Saverio, majigi yake haɗawa. Yana da ɗan ƙaramin kamfani shi da surukinsa, ba su da gidan ɗaukar hoto irin na manyan kamfanonin arewacin ƙasar masu gina fadar sarakuna da kwali, su titi ne ɗakin aikinsu. Labarin da yake shiryawa na wata uwa ce mai miji gurgu da 'ya'ya a gabanta. Ya samu 'yan wasa, uwar ce ya rasa. Duk wadda ya gwada, in ta yi kuka sai ka ji kamar ka yi dariya.

"Fuskarki nake so, Donna, da ƙofar ɗakin nan, da maigidanki in ya yarda."

"Fuskata ba ta haya ba ce. Ni matar aure ce, ba 'yar rawa ba."

Ya ce ya ji, ya mayar da malafarsa. Har ya juya sai ya ƙara da cewa abin dai da ban takaici, don majiginsa ba a Napoli kawai ake nunawa ba. A jirgi ake sa shi a kai New York, inda mutanenmu suke cika ɗaki maƙil ranar hutu, suna kuka in sun hango bakin teku da shanya.

Mafici ya tsaya a hannun Donna Brigida.

"New York ka ce? Ta Amurka?"

"Ita fa."

"Kuma mutum yana motsi a ciki? In na ɗaga hannu za a gani?"

"Har ƙiftawar idonki."

Ta waiwaya ta dubi Gaetano, shi kuwa ya mai da kai ga sandar da yake feƙewa. Shekara da shekaru ba ta sa 'yarta a ido ba, 'yarta ba ta sa ta a ido ba. Ga jikoki da ba su san ko kakarsu doguwa ce ko gajera ba. Amma da ta buɗe baki sai ka ce ita ke yin alfarma.

"Ka zo ranar Alhamis. Laraba ina da guga."

Kafin yamma labari ya gama lungun, don Sisina mai gyaran gashi tana tsaye a bayan ƙofarta ta ji komai. Sisina gida-gida take bi da mataji da ƙarfen murɗa gashi, kuma duk kan da ta taɓa sai ta bar masa labarin kan da ta baro. Ita ta fara kawo shawarar.

"Brigida, Amurka fa za a gan ki. Da bangon nan za ki fito? Nannina ta ce me wa dangin mijinta?"

Ai ba sai an faɗa mata ba. Daren Litinin bai yi ba sai da aka shafe ɗakin da farar ƙasa ciki da waje. Gadon tagulla da ya cinye rabin ɗakin, wanda a kansa ta haifi 'ya'yanta duka, ta goge shi da toka da lemun tsami har yana ɗaukar ido. Ta fito da lulluɓin gadonta na siliki ruwan ɗorawa, na ranar aurenta, wanda ba ya ganin rana sai in 'yan coci za su wuce da mutum-mutumin Madonna a zagaye, a rataye shi a ƙofa don girmamawa. Wannan duk nata ne. Sauran kuwa lungu ne ya haɗa. Matar mai gawayi ta kawo agogon bango da ba ya tafiya. Mai sayar da soyayyen ƙulli ta kawo madubi. Wani tela ya ba Gaetano aron kwat, wata ta kawo keji da tsuntsu a ciki, wata faranti masu zanen fure da ba a taɓa ci a cikinsu ba. Har labule aka samu, duk da ɗakin ba shi da taga, aka rataye shi a bango kamar akwai taga a baya.

Ranar Alhamis da hantsi Don Saverio ya iso, da surukinsa ɗauke da akwatin ɗaukar hoto mai ƙafa uku, da 'yan wasa, da rabin yaran unguwa a bayansu. Ya tarar da Donna Brigida tsaye a ƙofa, Sisina ta gina mata gashi sama kamar hasumiya, kunnenta da 'yan kunnen aro. Ya leƙa ɗakin. Ya fito. Ya sake leƙawa. Sai ya zauna a kan dakalin maƙwabta ya dafe kai da hannu biyu.

"Donna Brigida, me na yi miki?"

"Bai yi kyau ba?"

"Ya yi kyau, shi ne matsalar. Ni talauci na zo ɗauka, kin kawo mini falon matar alƙali. Labarin nan na mutanen da ba su da na abinci ne. Wa zai tausaya wa mai agogo da tsuntsu?"

"Wa ya ce maka tausayi nake nema?"

Surukin nasa, wani mai kaifin baki da ake kira Mimi, ya ce abin ai mai sauƙi ne. A kwashe tarkacen, a shafa wa bango baƙin tukunya, a yamutsa mata gashi, a ba ta yagaggen mayafi. Sannan ta buɗe tukunya ta kife ta a gaban akwati, ta kama kai ta yi kuka, shi ke nan an gama kafin rana ta juya.

Da Mimi ya san Donna Brigida da ya haɗiye maganarsa. Ta tako har gabansa, ta dube shi daga takalmi zuwa hula.

"Kai ɗan waye? Uwarka a kan juji ta haife ka? A ina ka taɓa ganin macen lungun nan ta fito da kai a yamutse? Bangon da na shafe da hannuna shi za ka shafa wa baƙi? To bari ka ji, ko ranar da aka kawo mutumin can a kan ƙyaure sai da na share ƙofar nan kafin in zauna in yi kuka. Kuma a ciki na yi, ba a titi ba."

Mata suka ce haka ne, daga sama a bene wata ta ce a ƙara masa. Mimi ya ja da baya ya fake da akwatinsa.

Don Saverio ya miƙe ya kaɗe wandonsa. Ya ce ba ya son ɓata mata rai, amma rana ba ta jiransa, kuma hasken lungu ɗan kaɗan ne, in ya wuce ya wuce. In ba za ta iya ba zai gangara lungun gaba, can ma akwai mata.

Nan ne Donna Brigida ta auna maganar. In ta ƙi, Nannina ba za ta gan ta ba, watakila har abada, don shekaru sun ja kuma teku ba ta ƙara kusa. In ta yarda, za a kai ta Amurka a matsayin abar tausayi, a gaban surukan 'yarta, bayan duk saƙon naman Lahadin da ta sha aikawa. Ta shiga ɗaki don kada a ga fuskarta. Gaetano yana zaune cikin kwat ɗin tela, hannayen rigar sun rufe masa yatsu.

"Brigida," ya ce a hankali, "cire mini abin nan, ƙaiƙayi yake mini."

"Ka yi haƙuri mana, na yini ɗaya ne."

"In yarinyar nan ta ga ɗakin nan haka, za ta ce ba gidanmu ba ne. Za ta yi ta neman inda take kwana ta rasa, ga keji a wurin."

Gaetano mutum ne da yakan yi mako bai haɗa magana mai tsawon wannan ba. Ta dubi kusurwar da kejin yake. Nan Nannina take shimfiɗa katifarta, nan take zama da safiyar Lahadi tana yanka albasa tana share hawaye da bayan hannu. Donna Brigida ta juyo wajen mijinta. Sannan ta cire 'yan kunnen, ta zare masa kwat ɗin, ta fito.

"Don Saverio, ga sharaɗina. Kayan aro kowa ya ɗauki nasa, dama ba nawa ba ne. Abin da yake nawa ba mai taɓawa. Bango zai zauna fari. Gadona da lulluɓinsa suna nan. Gashin nan Sisina ta sauke shi, amma a taje yake, a ɗaure. Ba zan yi kuka ba. Tukunyata kuma ba mai buɗe ta, ba ni ba, ba kai ba, ba wancan mai bakin ba."

Mimi ya buɗe baki zai ce to ta yaya masu kallo za su gane, majigi ba ya magana. Don Saverio ya ɗaga masa hannu.

"Da bulon a kai?" ya tambaye ta.

"Da bulon. Saboda ƙuda."

"Na yarda. Ki yi Lahadinki kawai, kamar ba ma nan."

Ta yi mamakin saurin yardarsa, amma ta sa a ranta cewa ƙarfin bakinta ne. Aka kwashe agogo da madubi da tsuntsu. Aka hura gawayi duk da ranar Alhamis ce. Ta zauna, Gaetano yana bayanta cikin rigarsa mai faci, yara biyu na cikin wasan suka durƙusa gefen murhu. Mimi ya fara juya hannun akwatin kamar mai niƙan barkono. Da yake akwatin ba ya jin magana, duk lungu kowa faɗin albarkacin bakinsa yake. Wannan ta ce ta gyara zama, waccan ta ce ta yi murmushi, Don Saverio yana ta a yi shiru ba mai sauraronsa. Wata 'yar wasa sanye da hular gashin tsuntsu ta zo wucewa, ta rage tafiya, ta dubi tukunyar a wulaƙance kamar yadda aka umarce ta. Ba wanda ya gaya wa Donna Brigida abin da za ta yi. Kawai ta ɗaga haɓa, ta bi matar da ido har ta wuce, hannunta bai fasa kaɗa mafici ba. Da ƙaramin yaron ya kai hannu wajen murfin, ta kama hannun a hankali ta mayar masa kan cinya, ta shafa kansa. Haka ta saba yi wa nata.

Da aka gama ta ce saura abu ɗaya. Ta miƙe tsaye ta fuskanci akwatin sosai, ta ɗaga hannu ta kaɗa. Don Saverio ya ce wannan ba ya cikin labarin. Ta ce yana cikin nata. Ya yi dariya ya ce Mimi ya ci gaba da juyawa.

Makonnin da suka biyo baya, wa ya isa ya yi magana da Donna Brigida? Ta kayar da masu majigi a gaban jama'a, ta shiga Amurka da farin bango da rufaffiyar tukunya, kowa ya gani zai ce nama ne. Ko a wurin famfo tafiyarta ta canza.

Ranar da aka fara nunawa, da la'asar, lungu ya kwashe kaf aka tafi. Maza huɗu suka ɗauki Gaetano da kujerarsa. Ɗakin kallon tsohon wurin ajiyar giya ne, ya cika da ɗan'adam da warin taba da ɓawon gyaɗa. A gaban farin ƙyalle ga masu kiɗan mandolin, ga mawaƙi mai ƙaton ciki da zai rera waƙa a wuraren ban tausayi, ga wani tsoho da ke karanta rubutun da ke fitowa a ƙyallen da ƙarfi saboda yawancinmu ba ma karatu. Da lungun ya bayyana aka ɗauki sowa. Kowa yana nuna shanyarsa, mai gawayi ya ga jakinsa ya miƙe yana gabatar da shi. Donna Brigida tana tsakiyar benci tsakanin Sisina da mijinta, ta harɗe hannu tana jiran nata.

Sai ga ta, ƙatuwa, fuskarta ta cika ƙyallen. Ga farin bango a bayanta, ga tagullar gado tana ƙyalli daga cikin ɗaki. Ta ji daɗi har cikin ƙashinta. Daga nan hoton ya sauka kan tukunyar, ya matso kusa, ya tsaya a kan murfin da guntun bulo. Ya daɗe a wurin. Babu rubutu, tsohon mai karatu ma bai sami abin faɗa ba.

Hayaniyar ta mutu. Masu cin gyaɗa suka daina. Mawaƙin ya cika ƙirji da iska zai fara, sai ya sake ta bai ce komai ba. A bencin gaba wata tsohuwa da Donna Brigida ba ta taɓa gani ba ta ja mayafi ta rufe fuska, kafaɗunta suna rawa. A baya wani ƙato ɗan dako ya face hanci. Wata murya ta ce ƙasa-ƙasa, "Allah sarki, ko ƙashi babu." Da matar mai hular gashin tsuntsu ta wuce, uwar cikin hoton ta ɗaga haɓa, sai ɗakin ya ɗauki tafi gaba ɗaya, har da buga ƙafa.

Donna Brigida ba ta ji tafin ba. Mutanen nan ba 'yan lungunta ba ne, ba su san ta ba, amma kallo ɗaya suka yi wa murfin suka gane. To ina ga waɗanda suke wuce ƙofarta duk Lahadi? Ta juya a hankali ta dubi Sisina. Sisina, mai bakin da ba ya ajiye sirrin kowa, tana hawaye shaɓe-shaɓe.

"Kun sani," in ji Donna Brigida.

"Brigida, wa yake rufe miyar nama?"

"Tun yaushe?"

"Tun Lahadin farko."

"Kuma ke, Sisina, ba ki taɓa faɗa ba?"

"In faɗa wa wa? Kowa yana da ido. Mun ga kina so a ce ƙuda ne, muka ce ƙuda ne."

A bakin ƙofa ta tare Don Saverio, mutane suna ta ƙoƙarin kama hannunta tana janyewa. Ta ce masa ya cuce ta, ya san abin da yake yi tun ranar da ya tsaya gaban murhunta. Bai musa ba.

"A irin ɗakinki aka haife ni, Donna Brigida. Uwata da dutsen guga take danne tata. Na yi shekaru ina neman yadda zan nuna ta, ban samu ba sai a ƙofarki."

"To kada ka kai shi Amurka."

"Ya riga ya hau jirgi."

Ta koma gida. Lahadin da ta biyo, lungu ya zuba ido a ga ko za ta fito. Ta fito. Ta ɗora tukunya, ta rufe, ta ɗora bulo, ta zauna baya a miƙe, duk wanda ya gaishe ta ta amsa tana kallon cikin idonsa. Kunyar lungu ta iya da ita. Abin da ke cin ta shi ne Nannina. Yarinyar za ta zauna cikin surukanta, waɗanda aka ce suna da shagon kayan miya a can, a nuna uwarta tana kaɗa wa ruwan albasa mafici. Za ta sunkuyar da kai ne? Za ta ce ba ta san matar ba? In ta yi haka ma, Donna Brigida ta ce a ranta, ba laifinta ba ne.

Sanyi ya wuce, aka shiga bazara, sannan jirgin su Pascale ya dawo. Ranar Lahadi ce da hantsi ya shigo lungun da buhunsa a kafaɗa, bai ko biya gidan uwarsa ba ya zarce ƙofar Donna Brigida. Mata suka fara matsowa da kujerunsu kamar iska ce ta turo su.

"Ka gan ta?" Donna Brigida ta tambaya, idonta a kan gawayi.

"Na gan ta. Tare muka shiga kallon, da mijinta da uwar mijinta da yaran."

"To?"

Pascale ya ajiye buhu ya share gumi. Ya ce ɗakin can ya ninka na nan, kuma cike yake da mutanenmu. Da aka nuno ƙofar, Nannina ta kama hannunsa har farcenta ya shiga, ta ce ga gadonmu, ga inda nake kwana. Da aka nuno murfin, wurin ya yi tsit kamar yadda aka yi a nan.

"Sai ta miƙe tsaye, Donna Brigida. Ana ta ce mata ta zauna ta tare wa mutane, ta ƙi. Ta juya ta fuskanci jama'a ta ce, 'Wannan uwata ce, Brigida matar Gaetano, daga Sanita. Babu nama a tukunyar nan, ni nake yanka albasar. Da ita ta raine mu duka, kuma ba wanda ya taɓa ganin ɗayanmu da dattin riga. Ku dubi bangon nan.' Sannan ta ɗaga ƙaramar 'yarta sama ta ce ta kalla da kyau."

Donna Brigida ta ɗago ido daga kan gawayi.

"A gaban uwar mijinta ta faɗi haka?"

"Uwar mijin ce ta fara tafi. Da kika ɗaga hannu a ƙarshe, yarinyar ta ɗaga miki nata. Sunanki gare ta. Kullum sai sun koma, har aka daina nunawa."

Gaetano ya juya fuskarsa bango. Donna Brigida ta ci gaba da kaɗa mafici, da sauri fiye da yadda gawayin yake buƙata, har toka tana tashi. Ta ce hayaƙi ne ya shiga idonta, kuma lungu ya yarda hayaƙi ne.

Can ta ajiye maficin. Ta sa hannu ta ɗauke bulon ta ajiye a ƙasa. Ta ce Sisina ta miƙo mata cokalin katako daga ciki, ta gitta shi a bakin tukunyar, ta jingina murfin a kai. Tururi ya fito, ƙamshin albasa ya bi lungun.

"Yaushe jirginku zai koma?"

"Sai an gama lodi. Saƙon da aka saba ne?"

"A'a." Ta gyara zama, ta ɗaga haɓa. "Ka ce mata albasa ta yi tsada bana, amma ubanta bai taɓa kwana da yunwa ba. Ka ce kuma ta riƙa taje wa takwarata kai kafin ta fita da ita cikin mutane."